Tsofaffin hotunan rikicin Jos a cikin dokumentari: amsa ga wani ɗalibin fim

Wani ɗalibi da ke karatun fim a nan Jos ya aiko da tambaya. Yana son haɗa dokumentari a kan rikice-rikicen garin daga 2001 zuwa 2010 da yadda kafafen watsa labarai suka ba da labarinsu. Ya tara bidiyo da yawa daga YouTube da wayoyin mutane. Yana son sanin inda zai samo na asali, ko doka ta yarda ya kwasa daga intanet, da kuma yadda zai yi amfani da su ba tare da ya fama wa mutane tsohon miki ba.

Ƙanena, bari mu fara da abin da ke hannunka kafin mu je neman wanda babu. Yawancin masu shigowa aikin nan suna ɗaukar tsohon hoto a matsayin gaskiya tsirara, wai tunda kyamara ta gani ai magana ta ƙare. Ni kuwa ina ɗaukarsa kamar mai ba da shaida a gaban alƙali. Ya ga wani abu, babu shakka, amma daga inda yake tsaye ya gani, wani ne ya kai shi wurin, kuma akwai abin da ya juya wa baya. Aikinka shi ne ka yi masa tambayoyi: wa ya ɗauka, wa ya biya kuɗin ɗaukar, yaushe, a ina, me aka yanke kafin ya iso gare ka. Dokumentarin da ya amsa sunansa yana barin mai kallo ya ji waɗannan tambayoyi da amsoshinsu, ba ya ɓoye su a ɗakin edita.

Za ka fi gane wannan idan ka koma can baya, domin labarin Jos ba a 2001 ya fara ba, kuma dole ka taɓo zamanin haƙar kuza. Kusan duk hoto mai motsi da aka ɗauka a Arewa kafin 1960, ko dai gwamnatin mulkin mallaka ce ta ɗauka ko kamfanonin labarai na Ingila. A 1939 Turawa suka kafa sashen shirya finafinai na ƙasashen da suke mallaka, ƙarƙashin William Sellers, wanda ya yi aikin jami'in lafiya a Legas, kuma irin finafinansu ne motocin majigi suke yawo da su ƙauye-ƙauye. To, za ka ci karo da hoton lebura jere reras, kwano a ka, suna hawowa daga ramin kuza, mai sharhi yana yabon ƙwazonsu da Turanci. Abin da ba zai gaya maka ba shi ne, daga 1942 zuwa 1944, bayan Japan ta ƙwace Malaya wadda Ingila ke samun kuza daga gare ta, tilas aka riƙa kwaso mutane daga lardunan Arewa ana kawo su ramukan nan, abin da tsofaffi ke kira ɗiban gwamna, kuma da yawa sanyi da cuta da ƙarancin abinci suka kashe su. In ka sa hoton ka ɗora masa kiɗa mai daɗi ka ce "Jos a zamanin da", ka zama ɗan aiken wanda ya ɗauka. In kuwa ka bar muryar Baturen ta yi maganarta na ɗan lokaci, ka tsayar, sannan jikan ɗaya daga cikin mutanen ya faɗi abin da ya ji daga bakin kakansa, hoton ya yi maka aiki biyu: ya nuna ramin, ya kuma nuna idon da ya kalli ramin. Kuma kada ka ɗauka duk abin da aka kira dokumentari a lokacin ba shiri ba ne. Daybreak in Udi, wanda aka ɗauka a ƙasar Ibo a 1949 har ya ci kyautar Oscar ta dokumentari, tsara shi aka yi, mutanen gari suka taka rawa kamar a wasan kwaikwayo.

Yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970 ya fi ko wane lokaci koyar da wannan darasi. Ɓangaren Biyafara ya ɗauki wani kamfanin tallata suna a Janiba mai suna Markpress, shi ke raba labarai da shirya wa 'yan jarida tafiya, kuma hotunan yara masu ciwon yunwa da suka girgiza Turai a 1968 ta irin wannan ƙofa da yawa suka fita. Yunwar gaskiya ce, yaran sun mutu da gaske, amma akwai wanda ya zaɓi inda za a kai kyamara. Ɓangaren tarayya ma haka, soja ke rakiyar ɗan jarida. A shekarar 1968 ce wani hafsan tarayya ya harbe wani da aka kama a gaban kyamarar 'yan talabijin na Ingila, da abin ya zama abin kunya a duniya, sai aka harbe hafsan shi ma a gaban kyamara. Ka ga a nan kyamarar ba 'yar kallo ba ce, tana cikin abin da ya faru.

Ga kuma ɗan guntun hirar nan da aka yi da Sardauna a kan manufar ba 'yan Arewa fifiko a aikin gwamnati, wanda ke dawowa intanet duk lokacin da siyasa ta yi zafi. Maganar tasa ce, ba wanda ya ƙirƙira. Sai dai kowa na yanko daƙiƙun da suka yi masa daɗi. Mai aikin gaskiya zai nemo hirar iyakar tsawon da ta rage, ya sa tambayar da aka yi masa, ya gaya wa mai kallo yadda ma'aikatun Arewa suke a lokacin, sannan ya bar shi ya yanke hukunci, ko ya zo daidai da ra'ayinsa ko bai zo ba.

Yanzu ga naka. Abu na farko da zai ba ka mamaki shi ne ƙarancin hoton 2001. Rikicin ya tashi ranar Juma'a 7 ga Satumba, ya ɗauki kusan mako, kuma ƙungiyar Human Rights Watch ta ƙiyasta waɗanda suka mutu sun kai 1,000. Amma a watan Agusta na shekarar wayar salula ta GSM ta shigo Najeriya, wata ɗaya kacal kafin nan, kuma wayoyin ba su da kyamara. Kwana huɗu da farawa kuma aka kai harin 11 ga Satumba a Amurka, hankalin duniya ya koma can. Saboda haka abin da ya rage galibi na bayan ƙura ta lafa ne: ƙonannun motoci, soja a shingen hanya, manya suna rangadi, sarakuna da malamai da limaman coci suna kiran a zauna lafiya. Kyamarar gidan gwamnati tana bin motar gwamna ne, ba ta shiga lungu.

Na Nuwamba 2008, wanda ya biyo bayan zaɓen ƙaramar hukumar Jos ta Arewa, da na Janairu da Maris 2010, wato Kuru Karama da Dogo Nahawa, labarin ya juya. Wayoyi masu kyamara sun cika gari, ana tura bidiyo ta bulutut daga waya zuwa waya, ana zuba su a faifan sidi. Hoton ya yi yawa, amma ba uba ba uwa. Kowane ɓangare ya ɗauki gawawwakinsa da ƙonannun gidajensa, ba wanda ya ɗauki abin da hannunsa ya aikata, sai 'yan kaɗan da suka ɗauka don alfahari. In ka tara naka daga wayoyin unguwa ɗaya, ko Unguwar Rogo ce ko Jenta Adamu, to tun kafin ka zauna gaban kwamfuta an riga an rubuta maka fim ɗinka.

Kuma cikin abin da ka tara, na tabbata akwai wanda ba na Jos ba ne. Akwai hoton gawawwaki a ƙone, an jera su a ƙasa jama'a na kewaye, da ya shafe shekaru yana yawo da sunan kisan da aka yi a Najeriya. Na fashewar tankar mai ne a garin Sange na ƙasar Kwango a Yuli 2010. A Yuni 2018, lokacin hare-haren Barikin Ladi, binciken da BBC ta yi daga baya ya gano cewa ɗaya daga cikin bidiyon da aka yaɗa a Facebook a matsayin na Filato, a Kwango Barazabil aka ɗauke shi tun 2012, kuma an tare hanya an kashe matafiya a kwanakin da irin hotunan nan ke yawo. Don haka duk guntun da zai shiga fim ɗinka, ka tsayar da shi ka dube shi ɗaya-ɗaya. Ka ciro hoto guda daga ciki ka bincika a intanet ka ga ranar da ya fara fitowa. Ka saurari yaren da ake yi a baya. Ka dubi lambar mota, allon shago, kayan 'yan sanda, da duwatsu, domin duwatsun Jos ba sa ƙaura. Da layin tsauni da inuwar mutane masu binciken BBC suka gano wuri da lokacin da sojojin Kamaru suka harbe mata biyu da 'ya'yansu, bayan hukuma ta ce bidiyon ƙarya ne.

Akwai wasu alamomi na gida da ke taimaka wa mai tantance shekara. In motoci na bin hannun hagu, an ɗauka kafin 2 ga Afrilu 1972. In farashi a allo fam da sule ne, kafin Janairu 1973 ne, lokacin da naira ta shigo. In an rubuta jihar Binuwai da Filato, tsakanin 1967 da 1976 ne. In ka ga babbar kasuwar Taminus a tsaye da rufinta, kafin gobarar Fabrairu 2002 ne, wato zai iya zama na 2001 amma ba zai zama na 2008 ba.

Inda aka fi yin ɓarna kuwa, a teburin edita ne, kuma sau da yawa ba da mugun nufi ba. Tun wajen 1920 wani malamin fim ɗan Rasha, Lev Kuleshov, ya nuna cewa in ka ɗauki fuska ɗaya ka haɗa ta da kwanon miya, mai kallo zai ga yunwa, in ka haɗa ta da makara zai ga baƙin ciki. Ka ɗauki mutane suna fitowa daga masallacin Juma'a ko daga coci ranar Lahadi, ka bi shi da hayaƙi, ka riga ka tuhume su da ƙone gari ba tare da ka furta kalma ba, alhali wataƙila shekara bakwai ke tsakanin hotunan biyu. Sannan akwai abin da na fi tsana, hoton cike gurbi: mai sharhi yana magana a kan 2001, babu hoto, sai a liƙa masa wutar 2010 don kada allo ya zauna haka. Mai kallo ba shi da hanyar ganewa, kuma gobe wani zai ciro daga fim ɗinka ya ce ga hujja. Sauti ma haka. Yawancin ƙananan kyamarori masu milimita 16 da 'yan jarida ke riƙewa a da ba sa ɗaukar murya, ƙarar bindiga da ihun da kake ji a tsofaffin labaran majigi a situdiyo aka ɗora su. In ka ƙara naka, ka sani ƙirƙira kake yi. Ni na fi son a bar shiru.

Ka bar hoton a siffarsa. Tsohon talabijin kusan murabba'i yake, in ka buɗa shi ya cika faffaɗan allon yau sai ka yanke sama da ƙasa, wataƙila har da allon da ke ɗauke da sunan titin. Manhajojin da ke sa wa hoto launi da gyara fuska zato suke yi, suna iya ba mutum fuskar da ba tasa ba, su ba rigar soja launin da ba nata ba. A ƙasan kowane guntu ka rubuta wanda ya ɗauka, wuri da shekara. Wanda ka tabbatar da wurinsa amma mai ɗaukar ya ɓace, ka rubuta haka ƙarara, mai kallo zai fi yarda da kai.

Tunda ka ce kafafen labarai kake son bincika, to a nan ne tsohon hoto ya fi daɗin aiki, domin shi kansa ne abin binciken. Ɗauki rana guda, a ce 29 ga Nuwamba 2008. Ka jera yadda gidan talabijin na jiha ya ba da labarin, da na tarayya, da sassan Hausa na rediyon ƙasashen waje, da kanun jaridun Legas, da na Abuja da Kaduna, da Nigeria Standard ta nan Jos. Wa ya ce rikicin zaɓe, wa ya ce na addini, wa ya ce na ɗan ƙasa da baƙo? Adadin mamata nawa kowa ya bayar, daga bakin wa ya ji, a masallaci ya ƙirga ko a ɗakin ajiye gawa na asibiti? Wa aka ba makirifo, wa aka nuna daga nesa cikin taro? Ba sai ka yi dogon sharhi ba, jerawar ta isa. Ruwanda ta bar mana misali mai nauyi. A 1994 an kashe mutum kusan 800,000 cikin kwana ɗari, amma hoton kisan kansa ɗan kaɗan ne, wanda aka fi sani wani ɗan jarida mai suna Nick Hughes ne ya ɗauka daga nesa a saman wani gini a Kigali. Kyamarorin duniya sun yi cincirindo ne daga baya a garin Goma na ƙasar Kwango, suna ɗaukar 'yan gudun hijira da kwalara ke kashewa, alhali cikinsu har da waɗanda suka yi kisan. Wanda ya dogara da yawan hoto zai ba da labarin a juye.

Inda babu hoto, kada ka ƙirƙira. Akwai rahotannin kwamitocin bincike, na Fiberesima a kan rikicin 1994, na Niki Tobi a kan 2001, na Ajibola a kan 2008, shafin takarda ma hoto ne in an ɗauke shi da kyau. Akwai muryar rediyo. Akwai kangon da ke nan har yau. Akwai kuma dabarar da na ga tana aiki ƙwarai: ka miƙa wa wanda abin ya faru a gabansa waya ko kwamfuta ya kalli tsohon bidiyon, kyamararka tana kan fuskarsa. Zai sa yatsa ya ce wancan shagon wane ne, bayan katangar nan rijiya ce, mu muna ta wannan gefen da ba a nuna ba.

Batun inda za ka samo, ka yi sa'ar gari. Hedikwatar Hukumar Finafinai ta Najeriya, wadda aka kafa a 1979, tana nan Jos, tare da makarantarta ta koyon fim da rumbun adana finafinai da bidiyo da sauti na ƙasa. A cikin ajiyar hukumar aka gano fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu na 1976, wanda aka ɗauka ya ɓace, aka gyara shi a Jamus aka nuna a bikin finafinai na Balin a 2018. Jami'ar Jos tana da digiri na biyu a kan adana finafinai tun 2019, ka nemi ɗalibansu. Gidan talabijin na Binuwai da Filato shi ya fara watsa hoto mai launi a Najeriya a tsakiyar shekarun 1970, kafin a haɗe gidajen a ƙarƙashin NTA, don haka ka rubuta wa ɗakunan ajiya na NTA da na PRTV, gidan rediyo da talabijin na jihar Filato, takarda, ka faɗi rana da abin da kake nema takamaimai. Kada ka sa rai da yawa: kaset yana da tsada a lokacin, gidajen talabijin a duk duniya, har BBC, sun riƙa goge tsohon shiri su ɗora sabo. Don takardu da jaridu, Gidan Arewa da ma'adanar tarihi ta ƙasa suna Kaduna. Na waje kuwa, British Pathé, rumbun tsofaffin labaran majigi na Ingila, ta zuba finafinai 85,000 a YouTube a 2014, kamfanonin dillancin labarai na AP da Reuters ma suna da rumbu da za ka bincika kyauta.

Amma taskar da ba a kula da ita tana gidajen mutane, wurin tsofaffin masu ɗaukar biki da suna da maulidi da taron coci. A kaset ɗinsu za ka ga unguwa kafin ta rabu, maƙwabta a tabarma ɗaya. In an ɗauko maka kaset daga ƙarƙashin gado ka hangi farin gari-gari ta tagarsa, fumfuna ce, kada ka kuskura ka zura shi a na'ura, zai tsinke ya kuma ɓata kan na'urar. In gwangwanin fim ne ka buɗe ka ji tsami ya bugi hancinka kamar ruwan kal, fim ɗin ya fara ruɓewa ke nan, ka rufe, ka ware shi daga sauran domin yana harbinsu, ka kai wa masu aikin adanawa. In an juye maka a kwamfuta, ka mayar wa mai shi da kayansa da kwafi guda.

Doka kuma a taƙaice: ganin abu a YouTube bai sa ya zama naka ba. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022 ta ba fim da shirin talabijin kariyar shekara 50 daga fitowarsu, ka ga duk na 2001 zuwa 2010 yana da mai shi, har bidiyon waya. Dokar ta bar ƙofa ga ɗan guntun da aka ɗauko don sharhi ko suka ko bincike, tare da ambaton mai shi, kuma jera rahotanni don a tantance su ya fi kusa da wannan ƙofa fiye da kwasar hoto don ado. Manyan rumbunan waje da daƙiƙa suke sayarwa, farashin ya danganta da inda za a nuna da tsawon shekaru, kuma sukan sassauta wa ɗalibi in ya tambaya. Gidan talabijin ko bikin finafinai zai nemi takardun izini kafin ya karɓa. Ka kuma san ƙasar da kake: a Oktoba 2020 hukumar NBC mai kula da kafafen watsa labarai ta ci Channels da AIT da Arise tarar naira miliyan 3 kowanne a kan bidiyon zanga-zangar EndSARS da ta ce ba a tantance ba, a Agusta 2022 ta ci Trust TV miliyan 5 a kan dokumentarin 'yan bindiga.

Sai tambayarka ta ƙarshe, wadda ta fi sauran nauyi a gari irin namu. Gawar da ke cikin bidiyon nan uban wani ne da yanzu yake aji ɗaya da kai. Ka tambayi kanka ko fim ɗin zai rasa wani abu in ka yanke kafin kyamara ta iso kan fuskar, galibi ba ya rasa komai. Masu rai da ake iya ganewa, wanda ke gudu da wanda ke riƙe da makami, ka rufe fuskokinsu, domin kai ba kotu ba ne, kuma ramuwar gayya a Jos ba ta duba shekara. Ka sa a ranka cewa ba kowa zai kalli fim ɗin daga farko zuwa ƙarshe ba, wani zai yanko daƙiƙa talatin ya watsa a WhatsApp, saboda haka ka ɗora rubutun wuri da shekara a inda ba za a iya yanke shi ba tare da lalata hoton ba. Kafin ka fitar, ka nuna wa mutane kaɗan masu hankali daga ɓangarorin biyu, kowane rukuni daban, da waɗanda suka ba ka hira. Ba izininsu kake nema a kan abin da ka gano ba, kana son su nuna maka inda ka sa sunan unguwa ba daidai ba, ko inda haɗin hoto ya faɗi abin da ba ka yi niyya ba.

Tun daga yau ka buɗe littafi, kowane guntu da layinsa: daga wa ka karɓa, shi daga wa ya samu, tsawonsa, abin da ka tabbatar da yadda ka tabbatar, da ko an ba ka izini a rubuce. Ka ajiye na asalin yadda ya zo a wuri biyu, ka yi aiki da kwafi.